Daga kaset zuwa majigi: hanyar da Daniel Lopatin ya bi ya shiga kiɗan fim

Tambaya: Malam, shekara huɗu ke nan ina haɗa kiɗa da kwamfuta a ɗakina. Ba ni da kamfani, ni nake ɗora abina a intanet. Kiɗan nawa ba na rawa ba ne, yawanci ma babu waƙa a kansa, kuma abokaina suna cewa ya yi kama da na fim. Akwai wanda ya taso ta irin wannan hanya har ya zama mai yi wa finafinai kiɗa? Ta ina ya bi?

Amsa:

Akwai su, ƙanena, ba ɗaya ba, ba biyu ba. Amma mutum ɗaya zan ɗauka in bi maka sawunsa, domin farkonsa ya fi kama da naka: wani Ba'amurke, Daniel Lopatin, wanda masu sauraron kiɗan na'ura suka fi sani da Oneohtrix Point Never. Kada ka wahalar da harshenka a kan sunan. Lambar wata tashar rediyo ce ta birnin Boston, Magic 106.7, ya murɗa lafazinta ya mayar da ita laƙabi.

An haife shi a 1982 a jihar Massachusetts. Iyayensa Yahudawa ne da suka yi ƙaura daga Tarayyar Sobiyet, kuma gidan na masu kiɗa ne. Abin da ya gada wurin mahaifinsa shi ne wata na'urar ƙera sauti, Roland Juno-60, wadda ta fito kasuwa a shekarar da aka haife shi. Sauti shida kawai take iya fitarwa a lokaci guda, wato manhajar da ke kwamfutarka yanzu ta ninka ta sau ba adadi. Da ita ya yi yawancin kiɗansa na farko. Karatunsa ma ba na kiɗa ba ne: bayan kwalejin Hampshire, ya tafi cibiyar Pratt da ke Brooklyn ya karanci aikin adana takardu da kayan tarihi. Yana wannan yana fitar da kiɗa a kaset da faifan CD na ƙonawa, ta hannun ƙananan kamfanoni irin waɗanda mutum ɗaya yake gudanarwa daga falonsa.

Albam ɗinsa na farko, Betrayed in the Octagon, ya fito a 2007. A 2009 aka tattara albam uku da wasu ƙarin kaɗe-kaɗe aka fitar da su da sunan Rifts, sai mujallar The Wire ta Birtaniya ta sa shi a matsayi na biyu cikin faya-fayan shekarar. Daga nan ƙofa ta fara buɗewa. Returnal ya fito a 2010 ta kamfanin Editions Mego na Ostiriya, Replica a 2011, sannan R Plus Seven a 2013 ta kamfanin Warp na Ingila, wanda ya ci gaba da aiki da shi.

A kan Replica nake so ka ɗan tsaya, don a ganina nan ne hannunsa ya fara zama na mai fim tun bai san zai yi fim ba. Tsofaffin tallace-tallacen talabijin ya tono, ya riƙa yanko gutsattsarin sauti daga ciki: jan numfashin mai talla kafin ya yi magana, rabin kalma, ƙarar kurɓar abin sha. Ya maimaita su, ya jera su, har suka zama kiɗa mai sa mutum ya yi shiru. Wanda ya shafe watanni yana wannan aiki ya koyi abin da yawancin masu haɗa kiɗa ba su sani ba, wato nauyin rabin daƙiƙa. Edita ma aikinsa ke nan, sai dai shi hoto yake yankawa.

Fim ɗin farko da ya sa hannu a ciki shi ne The Bling Ring na Sofia Coppola a 2013, kuma ba shi kaɗai ba ne, tare ya yi da Brian Reitzell, wanda ya daɗe yana kula da kiɗan finafinanta. Ka lura: ƙarƙashin wani ya fara. A 2015 ya yi wa wani fim na Ostareliya, Partisan, kiɗa. Ba su ne suka ɗaga shi ba. Wanda ya ɗaga shi Good Time ne a 2017, na wasu 'yan'uwa biyu 'yan New York, Josh da Benny Safdie. Ka ƙirga daga 2007. Shekara goma cif.

Me ya sa shi suka nema? Su 'yan'uwan nan kunnensu ya riga ya karkata ga sautin na'ura. A fim ɗinsu na 2014, Heaven Knows What, sun yi amfani da kiɗan Isao Tomita, ɗan Japan ɗin nan da ya shahara da sake kaɗa kiɗan gargajiyar Turai da na'ura tun shekarun 1970. Da suka tashi neman wanda zai yi musu sabon kiɗa, ba makarantar kiɗa suka je ba, wurin wanda suke sauraron faya-fayansa suka je. Kuma ba a kansa aka fara ba. Darakta William Friedkin ya ji ƙungiyar kiɗan na'ura ta Tangerine Dream ta Jamus ya ba su Sorcerer na 1977. Darakta David Fincher ya nemi mawaƙi Trent Reznor, wanda shi da Atticus Ross suka yi The Social Network a 2010 suka ci Oscar da shi. Wani matashi mai laƙabin Disasterpeace kiɗan wasan kwamfuta mai suna Fez ya yi a 2012, darakta David Robert Mitchell ya buga wasan, kiɗan ya shige shi, ya neme shi ya yi masa It Follows na 2014. A duk waɗannan darakta ne ya zo, kuma abin da ya kawo shi sauti ne da ba zai samu a wurin wani ba. Shi ya sa idan yaro ya kawo mini kiɗan da ya kwaikwayi na Hans Zimmer, shahararren mai yi wa manyan finafinan Amurka kiɗa, ganguna na rugugi, goge na kuka, nakan ce masa ya yi ƙoƙari, amma mai son wannan sautin yana da dubban irinsa a rumbunan intanet da kuɗi kaɗan. Wa zai biya ka ka yi masa abin da zai sauke cikin minti biyu?

Good Time labarin wa da ƙane ne. Robert Pattinson ne wan, ya ja ƙanensa mai raunin ƙwaƙwalwa suka yi fashin banki, aka kama ƙanen, shi kuma ya kwana yana zaga unguwar Queens yana neman hanyar fito da shi, duk abin da ya taɓa sai ya ƙara lalacewa. Kiɗan da Lopatin ya sa ƙananan sautuka ne masu bin juna da gudu, suna zagayawa suna dawowa, kamar bugun zuciyar wanda ya ji takun 'yan sanda a bayansa. Ba ya barin mai kallo ya huta. Sai a ƙarshe, bayan an gama gudun, aka saki waƙa mai sanyi da fiyano da muryar Iggy Pop, tsohon mawaƙin da aka sani da hayaniya, yana rerawa a hankali kamar mai rarrashi. Aikin ya ci kyautar kiɗan fim a bikin Cannes na Faransa a shekarar.

Bayan shekara biyu suka sake haɗuwa a Uncut Gems, 2019, inda Adam Sandler ya fito a matsayin dillalin duwatsu masu daraja da caca ta ci masa rai. A wannan karon da sunansa na yanka aka rubuta shi, ba laƙabi ba. Ni a wurina nan ya nuna ya ƙware. Fim ɗin cike yake da hayaniya, mutum uku huɗu suna magana a lokaci guda, ana bin bashi, ana zagi. Da ni ne a shekarun ƙuruciyata da na ƙara wa wutar fetur da kiɗa mai tayar da hankali. Shi kuwa a wurare da dama sai ya sa kiɗa mai faɗi, mai annuri, da muryoyi da busa, irin na Tomita da Vangelis, wani gwanin kiɗan na'ura ɗan Girka. Dalili? Ba abin da ido yake gani ya kaɗa wa ba, abin da ke cikin kan ɗan cacar ya kaɗa wa. Mu muna ganin mutum yana nutsewa, shi kuwa a ransa gobe zai ci, duniya za ta zama tasa. Ka duba farkon fim ɗin: an haƙo wani dutse a wata mahaƙa a Habasha, kyamara ta kutsa cikin launukansa kamar an shiga sararin samaniya, kiɗan yana ɗaga ka sama, can sai ka farga ashe cikin hanjin dillalin kake, likita yana duba shi. Kiɗan bai yi dariya ba, bai canza fuska ba. Da ya yi, da abin ya zama raha mara daɗi. Wasu sun yi ƙorafin cewa kiɗan yana danne magana a fim ɗin, kuma ba ƙarya suka yi ba, akwai inda sai ka kasa kunne. Amma zaɓin daraktocin ne, da gangan suka yi, kada ka ɗauka lasisi ne gare ka.

To, wannan tarihi ne. Yanzu abin da tarihin ba ya faɗa, wanda ni aiki ya koya mini.

A ɗakinka kai ne sarki. Idan ka ga dama kiɗa ya yi minti tara, zai yi. A fim lokaci ba naka ba ne. Fim yana tafiya ne hoto 24 a kowace daƙiƙa. Ka ce ka saita kiɗanka a bugu 120 a minti: kowane bugu rabin daƙiƙa ne, wato hoto 12. Ka kwana kana gyara yadda gangarka za ta faɗo daidai lokacin da aka banko ƙofa. Da safe edita ya ga fitowar ta yi tsawo ya zare hoto goma daga tsakiya. Shi a wurinsa bai kai rabin daƙiƙa ba, bai ma ga dalilin sanar da kai ba. Kai kuwa gangarka yanzu tana faɗowa bayan ƙofar ta riga ta buɗe, kamar marokin da ya fara kirari bayan baƙo ya zauna. Za ka koma ka matse gudun kiɗan, ko ka yanke bugu ɗaya a inda kunne ba zai gane ba. Sau biyar sau shida a fitowa ɗaya ba abin mamaki ba ne. Don haka kafin komai ka koyi ɗora bidiyo a manhajarka, ka koyi karanta agogon hoton da ke gudu a gefe, kuma ka saba fitar da sauti a ma'aunin 48,000 a daƙiƙa, wanda shi ne na fim, ba 44,100 na faifan CD ba.

Sai maganar murya. Yawancin abin da ke sa a gane kalma a bakin mutum yana zaune ne tsakanin hatz 1,000 zuwa 4,000 (hatz shi ne ma'aunin kauri ko kaifin sauti), kuma nan ne sautin na'ura mai kaifi ya fi son zama. Idan jarumi yana magana, ko ka sauka ƙasa, ko ka hau sama, ko ka yi shiru. Kuma ba dunƙule guda za ka miƙa ba. Mai haɗa sautin ƙarshe zai ce ka rarraba masa: ganguna daban, ƙasan kiɗa daban, karin da ke sama daban, don ya iya rage ɗaya ya bar saura. Ranar farko da na ji an cire karin da na fi so daga kiɗana an bar shimfiɗar kawai, raina ya ɓaci ƙwarai.

Bari ma in ba ka labarin. Aikina na farko a fim, akwai fitowar da aka zo gaya wa wata uwa ɗanta ya rasu. Na yi kwana uku a kai. Kiɗa na minti huɗu, da sarewa, da goge na na'ura, da komai. Darakta ya zo situdiyo, ya zauna a kan buhun da muke ajiye wayoyi, ya kalla sau biyu bai ce uffan ba. Sai ya ce in kashe komai. Muka kalla babu kiɗa. Matar ta ajiye tsintsiyar da ke hannunta a hankali, ta jingina ta da bango, ta gyara ɗankwalinta, kana jin kaji a tsakar gida. Ya ce, "Ka ji? Ta riga ta yi kukan, kai kuma kana so ka yi mata wani." Abin da ya rage na kwana ukuna sauti ɗaya ne mai tsawo, daƙiƙa ashirin, bayan ta shige ɗaki. Na tafi gida ina ƙunƙuni. Da aka haska fim ɗin, a daidai wurin ne na ji ɗakin ya yi tsit.

Akwai kuma wata masifa da za ka haɗu da ita: kiɗan aro. Edita ba ya iya yanka fim a bushe, sai ya ɗauko kiɗan wani fim ya ɗora na wucin gadi. Darakta ya yi wata uku yana kallon fim ɗinsa da wannan kiɗan har ya zauna masa a kunne. Kai kuma ka zo da naka, komai kyansa, sai ya ce, "Ya yi, amma ka ɗan matso da shi kusa da wancan." Idan ka matsa da yawa ka yi sata, idan ka ƙi ka zama mai taurin kai. Maganin da na sani ɗaya ne: ka tambaye shi me wancan yake yi masa. Gudun ne? Kaɗaicin ne? Inda ya tsaya ne? Galibi abu ɗaya ne tak, kuma za ka iya ba shi abin da naka sautin. Ribar mutum irin Lopatin ke nan: tunda don sautinsa aka kira shi, ba a cika tura shi ya zama wani ba. Kuma ba aike yake yi daga nesa ba. Kamfanin Moog mai ƙera na'urorin kiɗa ya fitar da ɗan gajeren bidiyo a kan aikin Uncut Gems, za ka gan shi da Josh Safdie a situdiyo ɗaya suna laluben sauti tare. Darakta da ba ya iya cewa "ka sauya maɓalli" zai iya cewa "wannan, tsaya nan" idan yana zaune kusa da kai.

Kuɗi fa? A Amurka yawanci ana biyan mai kiɗa ladan aiki, kamfanin fim ya mallaki kiɗan, shi kuma ya riƙe kasonsa na wanda ya tsara kiɗan, wanda ƙungiyoyi irin ASCAP da BMI suke karɓo masa duk lokacin da aka haska fim ɗin a talabijin ko a manhajojin kallo. Abin mamaki, gidajen sinima na Amurka ba sa biyan wannan kaso, tun wani hukuncin kotu na 1948, alhali na Turai suna biya. Abin da ake dogara da shi wajen rabon wata takarda ce da ke jera kowane kiɗa da ke fim ɗin, tsawonsa, da sunan mai shi. In babu sunanka a kanta, babu kai. A ƙananan finafinai kuma dunƙulen kuɗi ake ba ka, daga ciki za ka biya situdiyo da duk wanda ka gayyato ya busa ko ya kaɗa, abin da ya rage shi ne naka, wani lokaci babu abin da ke ragewa. Idan kuɗin ya yi kaɗan, abin da masu wayo suke nema shi ne a bar musu mallakar kiɗan, su fitar da shi albam. Kiɗan Good Time da na Uncut Gems duka sun fito a matsayin albam ta Warp, kamfanin da yake fitar da sauran ayyukansa. Ni akwai fim ɗin da na yi wa kiɗa bisa "za mu daidaita in an sayar", yau shekara nawa ban ga ko sisi ba, kuma ba ni da abin nunawa sai saƙon waya. Ka rubuta, ku sa hannu, ko da da ɗan'uwanka ne.

Wani abu da mutane suke tsallakewa a labarin Lopatin: bai rufe shagonsa ba. Tsakanin finafinan nan ya fitar da Garden of Delete a 2015, Age Of a 2018, Magic Oneohtrix Point Never a 2020, Again a 2023. Fim ɗin ma ya buɗe masa wata ƙofar: mawaƙi The Weeknd ya fito a Uncut Gems, daga baya suka yi aiki tare a After Hours na 2020 da Dawn FM na 2022, kuma Lopatin ne ya jagoranci kiɗan wasan da mawaƙin ya yi a hutun rabin lokaci na Super Bowl, wasan ƙarshe na gasar ƙwallon Amurka, a 2021. A 2025 ya koma wurin Josh Safdie ya yi masa Marty Supreme. Darakta ɗaya, fim uku, cikin shekara takwas. Albam ɗin nasa su ne gonar da yake gwada iri, fim kuma kasuwar da yake kai amfanin. Na ga waɗanda suka bar nasu kiɗan gaba ɗaya suka koma jiran kiran darakta, bayan shekara uku duk abin da suka taɓa sai ya fito kamar na kowa.

Kada ka ce wannan duk labarin Turawa ne. Tun ƙarshen shekarun 1990 kiɗan finafinan Hausa a Kano na na'ura ne, mutum ɗaya da fiyanon Yamaha PSR yana fitar da kalangu da sarewa da ganga daga maɓallai. Sai dai ƙarfin ya tafi ne ga waƙa da rawa, su ake biya, su ake talla da su. Kiɗan da ke ƙarƙashin labari sau da yawa edita ne yake zaro shi daga abin da ya tara a kwamfutarsa, na Indiya ko na Amurka ko duk abin da ya samu. Yanzu da finafinai masu dogon zango suka koma YouTube, wannan ɗabi'a ta fara tsada, don na'urar YouTube tana gane kiɗan da ke da mai shi, kuma mai shi yana iya karɓe kuɗin tallan bidiyon ko ya sa a toshe shi. Furodusan da aka taɓa yi wa haka ba sai ka yi masa dogon bayani ba a kan amfanin kiɗan da aka yi don fim ɗinsa.

Abin da zan ce ka yi a wannan watan: kada ka tura wa kowa kiɗanka na minti shida ka ce "na fim ne". Ka nemi wani ɗalibi ko matashin darakta da ke da gajeren fim, ka roƙi fitowa ɗaya ta minti biyu ko uku wadda akwai magana a ciki, ba ta faɗa ko gudu ba, don waɗannan kowa yana iya cika su da ganga. Ka yi mata kiɗa iri biyu da sautin nan naka da abokanka suke yabawa, ɗaya yana bin abin da ake gani, ɗaya yana bin abin da mutumin yake ɓoyewa. Ka fitar da ta uku babu kiɗa sam. Ka zaunar da shi ya kalli ukun a jere, kai kuma kada ka kalli allon, fuskarsa za ka kalla. In ka gama ka turo mini duka ukun, da wadda ya zaɓa.